Gwamnati ta karɓe gonarka? Akwai hanyoyin neman diyya, amma lokaci baya jira

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum warahmatullah. Malam Edita dan Allah ka bani dama a wannan jarida tamu in yi magana akan wani abu da ya daɗe yana damuna, wato yadda gwamnati ke karɓe gonaki da filaye da gidajen mutane da sunan aikin raya ƙasa, daga baya a ba su abinda bai kai ya kawo ba ko ma a hana su gaba ɗaya, su kuma su koma gida suna cewa ai gwamnati ce ba a ja da ita, Allah ya isa kawai. Ni ba lauya bane, amma na daɗe ina aikin akawu a ofishin lauyoyi, fayil ɗin irin waɗannan ƙararraki sun sha wucewa ta hannuna, kuma abinda ya fi min ciwo shine mafi yawan mutanenmu basa zuwa sai bayan an gama komai, katafila ta share gonar, an sa hannu a takarda, shekaru sun wuce, sannan dattijo zai shigo da 'yar ledarsa yace a taimaka masa.

Babu mai hankalin da zai ƙi titi ko asibiti ko jirgin ƙasa. Bututun gas na AKK da ya taso daga Ajaokuta ya bi ta Kaduna zuwa Kano, tsawon kilomita 614, da layin dogon Kano zuwa Maraɗi da ya ratsa Kazaure da Daura da Katsina da Jibiya, da faɗaɗa titin Abuja zuwa Kano, duk muna so kuma muna addu'ar a gama su lafiya. Amma kowane ɗaya daga cikinsu ta kan gonar wani ya bi, kuma wannan wanin yana da iyali, ƙila gonar nan ita kaɗai ya gada daga mahaifinsa, daga ita yake ci daga ita yake aurar da 'ya'ya.

Abu na farko da nake so mutanenmu su riƙe shine diyya haƙƙi ce da kundin tsarin mulki ya rubuta, ba taimako bane da gwamna yake yi saboda kirkinsa. Sashe na 44 na kundin 1999 yace ba za a karɓi dukiyar kowa da ƙarfi ba sai ta hanyar dokar da ta tanadi biyan diyya cikin gaggawa, kuma ta ba mutum damar zuwa kotu a tantance haƙƙinsa da adadin kuɗin da za a biya shi. Abu biyu kenan, biya da wuri, da kuma ƙofar kotu a buɗe. Duk jami'in da yace maka ka karɓi abinda aka baka ka yi shiru domin babu inda zaka kai, wallahi ko dai bai san doka ba ko kuma ya san kai baka sani ba.

Sai dai kuma in faɗi gaskiya mai ɗaci, domin kada wani ya ɗauki dogon buri. Dokar amfani da filaye ta 1978, wadda gwamnatin soja ta Obasanjo ta kafa kuma aka cusa ta cikin kundin tsarin mulki ta sashe na 315, ta damƙa dukkan ƙasar jiha a hannun gwamna a matsayin amana, mu abinda muke da shi izinin zama ne da amfani. Saboda haka idan aka soke izinin nan, sashe na 29 na dokar filayen bai ce a biya ka kuɗin ƙasar kanta yadda ake sayar da ita a kasuwa ba. Abinda yace a biya shine abinda ka aza a kan ƙasar, gini da rijiya da katanga da amfanin gona da itatuwa, ginin ma za a lissafa kuɗin sake gina irinsa ne sannan a cire tsufan da ya yi, ita kuwa ƙasar abinda za a mayar maka shine kuɗin hayar ƙasa da ka biya gwamnati a shekarar da aka soke. To manomin ƙauye da bai taɓa biyan wannan kuɗin ba me zai samu akan ƙasar? Kuma idan aka zo ƙidaya da rani, gona fayau babu gero babu dawa, sai a rubuta babu komai a kai. Mutum yana da gonar da idan ya sa ta a kasuwa miliyoyi za a saya, amma a takarda darajarta ta tsaya akan bishiyar ɗorawa biyu da kuka ɗaya. A ganina wannan zalunci ne da aka yi wa rigar doka, kuma zan dawo kansa. Amma duk da haka a cikin dokar nan akwai abubuwa da yawa da mutum zai kama, mutanenmu ne basa kamawa.

Mu fara da sanarwa. Gwamnati bata da ikon ta wayi gari kawai ta turo masu jan fenti su yi alama a bango ace shikenan an karɓe. Sashe na 28 na dokar filayen yace sokewar sai ta kasance a rubuce da sa hannun jami'in da gwamna ya ba izini, kuma sai an miƙa wa mai filin notis, haƙƙinsa baya faɗuwa sai ya karɓi notis ɗin. Sashe na 44 na dokar filayen ya ma fayyace yadda za a miƙa, a ba shi hannu da hannu, ko a kai gidansa, ko a aika ta gidan waya da rajista, idan an bincika an rasa sanin mai wurin to a manna a inda kowa zai gani a filin. Sanarwa a rediyo ko mai shela ya zaga gari yana cewa kowa ya fito gonarsa ranar Talata, wannan bai maye gurbin notis ba. Kotuna a Najeriya sun sha rushe karɓar fili kacokan saboda ba a ba mai shi notis yadda doka tace ba, kuma Kotun Ƙoli a shari'ar Osho da kamfanin Foreign Finance ta 1991 ta tsaya kai da fata akan cewa dole a bi ƙa'idar sokewa, dole kuma ya zama don amfanin jama'a aka yi.

Wannan maganar ta amfanin jama'a ita ce ta biyu, kuma a nan ne ake yawan cutar mu a garuruwa. A zo ace za a gina makaranta ko kasuwa ko tashar mota, a kori manoma, bayan shekara biyu ka wuce ka ga an yanka fulotai an raba wa manya, ko an ba wani ɗan kasuwa ya gina rukunin gidajen sayarwa. Tun 1974 Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a shari'ar Ereku da gwamnan soja na jihar Tsakiyar Yamma, inda aka karɓi fili a Warri da sunan amfanin jama'a aka ba wani kamfani mai zaman kansa haya, kotu tace wannan karɓar bata halatta ba. Ma'ana idan aka yi maka haka, ba maganar ƙarin diyya kaɗai zaka yi ba, kana iya neman kotu ta ayyana cewa karɓar tun asali ɓatacciya ce a mayar maka da filinka, kuma lauya na iya neman umarnin dakatar da aiki kafin a gama shari'a.

Yanzu ranar ƙidaya, wadda a wurina ita ce ranar da ake cin shari'a ko a faɗi tun kafin a je kotu. Dan Allah duk wanda aka ce za a zo auna gonarsa ya tsaya da kansa ko ya tsayar da ɗansa mai karatu, ya ƙirga itatuwansa ɗaya bayan ɗaya tare da ma'aikatan, mangwaro nawa, gwaiba nawa, dabino, zogale, giginya, tsamiya, darbejiya, babba da ƙarami, ya ɗauki hoto da bidiyo da wayarsa yana faɗin kwanan wata da sunan wurin, ya ɗauki rijiya da rumbu da kewaye da bututun ban ruwa idan fadama ce. Ya nemi a bashi kwafin takardar da aka cike da sunansa, in an hana ya ɗauki hotonta. Kada ka dangwala yatsa a fam ɗin da ba a cike ba, kada ka sa hannu a takardar da ba a karanta maka ba, musamman wadda ke cewa ka karɓi cikakkiyar diyya baka da sauran magana, domin da ita lauyan gwamnati zai tare ka a kotu. In kuɗin bai yi maka ba kuma kana cikin matsi dole ka karɓa, to kafin ka karɓa ka rubuta takarda cewa ka karɓa ne ba tare da ka yarda da adadin ba, ka kai ofishin a buga maka hatimi a kwafinka. Kuma kuna da damar ɗaukar naku ƙwararren mai kimanta kadara mai rajista ya tsaya muku, galibi da kaso suke aiki daga abinda aka biya, sai dai ku karanta takardar wakilcin da zaku bashi da kyau, ku san kason nawa ne, kuma ku dage kuɗin kowa ya shiga asusun bankinsa kai tsaye ba ta hannun wakili ba.

Akwai jadawalin farashin amfanin gona da itatuwa da ake amfani da shi, ku nemi a nuna muku wanda aka yi muku lissafi da shi da shekarar da aka yi shi. Na gwamnatin tarayya tun 2008 aka tsara shi ana ta aiki da shi duk da yadda naira ta faɗi, sai a 2024 ma'aikatar gidaje ta tarayya a ƙarƙashin Ahmed Musa Dangiwa ta sanar da sabon farashi, inda misali a shiyyar Arewa ta Tsakiya bishiyar mangwaro da ta girma ta tashi daga naira 4,000 zuwa naira 105,000. Ku duba tazarar nan Malam Edita, ku auna irin asarar da aka yi wa masu lambu a shekarun da ke tsakani. Jihohi kuma kowacce da nata jadawalin, shi yasa tambayar ke da muhimmanci.

Idan an biya kaɗan ko an ƙi biya, matakin farko takarda ce a rubuce zuwa ma'aikatar ƙasa da safiyo ko hukumar filaye ta jiha, irin su KANGIS a Kano ko KADGIS a Kaduna, da kuma hukumar da ke da aikin, a ajiye kwafi mai hatimin karɓa. Zuwa ofis da baki ana ce maka ka dawo sati mai zuwa ba hujja bace a gaban alƙali. Sashe na 30 yace saɓani akan adadin diyya a kai shi gaban kwamitin amfani da rabon filaye na jiha, wanda doka tace a cikinsa a samu masana kimanta kadara aƙalla biyu da lauya. Ku kai ƙorafin can domin kada gobe ace kun tsallake mataki, amma ku sani gwamnan da ya karɓi filin shine ya naɗa 'yan kwamitin, kusan an ba kura ajiyar nama kenan, don haka kada ku zauna jiran su shekara da shekaru.

Ga mutanen karkara akwai wani tanadi da kusan ba a taɓa faɗa musu. Sashe na 6 yace idan aka soke izinin gargajiya akan ƙasar da mutum ke nomawa, ƙaramar hukuma ta bashi wata gonar a madadi domin ya ci gaba da noma, kuma idan ƙaramar hukumar ce ta karɓa ta ƙi biyan diyya cikin lokacin da ya dace, gwamna na iya sa a kimanta ya umarce ta ta biya. Sau nawa muka ji an ba manomi wata gonar? Ku rubuta ku nema da lambar sashen. Masu gidajen zama kuma su yi hattara da sashe na 33, wanda ya ba gwamnati damar ta sake maka matsuguni a maimakon kuɗi, domin da zarar ka karɓa doka na ɗaukar an gama biyanka, in ma sabon wurin ya fi naka daraja ana iya mayar da bambancin bashi a kanka. Ka je ka ga wurin da idonka, akwai ruwa, akwai hanya, akwai takarda da sunanka, kafin kace ka yarda.

Wasu kuma tsoronsu shine basu da satifiket, wato C of O, sai gadon kaka da kakanni ko takardar ciniki ta dagaci. Wannan baya hana diyya. Sashe na 34 da na 36 sun ɗauki wanda ke riƙe da ƙasa tun kafin 1978 kamar wanda aka ba izini, kuma shaidar maƙwabtan gona da mai unguwa da takardar rabon gado ta kotun shari'a da tsofaffin risit duk hujjoji ne.

Sai kotu. Za ka ji jami'ai na kawo sashe na 47 na dokar filaye wanda yace babu kotun da zata binciki yawan diyya ko isarta. Haka aka rubuta tun zamanin soja, amma Kotun Ɗaukaka Ƙara a shari'ar Kanada da Gwamnan Jihar Kaduna ta 1986 tace wannan tanadin ya ci karo da kundin tsarin mulki don haka baya aiki, tunda kundin ya riga ya ba ɗan ƙasa damar zuwa kotu akan adadin diyyarsa. Babbar kotun jiha ce ake zuwa, ita ce kuma sashe na 39 ya ba hurumin tantance wanda ya cancanci karɓar diyya idan mutum biyu na jayayya. Idan gini ne aka jinkirta biya, doka ta ce a ɗora ruwa akan kuɗin gwargwadon na banki, wanda addininsa bai bar shi ya ci wannan ba ya tambayi malamai yadda zai yi da shi, amma ya san akwai shi. Waɗanda bututun mai ko gas ya bi ta gonarsu kuma tasu dokar daban ce, dokar bututun mai ta 1956, wadda ta ɗora biyan diyya akan mai lasisin bututun har da ɓarnar da aka yi wa ƙasar, kuma tace in ba a daidaita ba kotu ce zata yanke adadin.

Abinda nake roƙon kowa ya ji da kunnen basira shine lokaci. Akwai dokar kare jami'an gwamnati da ta ce ƙara akan abinda jami'i ya yi a bakin aiki a shigar da ita cikin wata 3. Gaskiya ne kotuna sun ce wannan bai shafi ƙarar neman dawo da fili ba, amma lauyoyin gwamnati da ita suke fara buɗe baki, kuma shari'a na iya cin shekaru akan wannan gardamar kaɗai kafin a taɓo asalin maganar. Wasu hukumomin kuma dokarsu tace sai an basu notis kafin a kai su ƙara, in ba a bayar ba a kori ƙarar. Kowace jiha kuma tana da dokar wa'adin shigar da ƙara. Saboda haka ranar da ka ga jan fenti a bangonka ko fegi a gonarka, a satin nan ka ga lauya, kada ka tsaya jiran alƙawarin ɗan siyasa har wa'adi ya wuce. Kuma ko an ci shari'a akwai sauran aiki, domin sashe na 84 na dokar zartar da hukunci yace sai da amincewar antoni janar kafin a taɓa kuɗin gwamnati da ke hannun jami'inta, shi yasa sau da yawa sulhun da aka rubuta aka kai kotu ta mayar da shi hukunci ya fi saurin kawo kuɗi hannu.

Na san za a ce ina talaka ya ga kuɗin lauya. Ku haɗu, mutum hamsin ko ɗari da aiki ɗaya ya shafa su ɗauki lauya ɗaya, doka ta yarda wasu su shigar da ƙara a madadin sauran. Akwai Hukumar Ba da Agajin Shari'a ta ƙasa mai ofis a jihohi, akwai Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafen Jama'a da aka kafa tun 1975 kuma kyauta take karɓar ƙorafi, akwai Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam, Kano ma tana da tata hukumar ƙorafi da yaƙi da rashawa. Dokar 'yancin samun bayanai ta 2011 ta baku damar rubuta wa hukuma ku nemi jerin sunayen waɗanda aka biya da adadin, kuma kwana 7 aka bata ta amsa. In kuma aikin da kuɗin Bankin Duniya ake yi, ƙa'idarsu ta fi tamu sauƙi ga talaka, cikakken kuɗin maye gurbi suke cewa a biya ba tare da cire tsufan gini ba, kuma dole aikin ya kasance da kwamitin sauraron ƙorafi, ku tambaya ina yake.

Dole kuma mu faɗa wa kanmu gaskiya, ba duka cutar daga gwamnati take ba. Sashe na 29 na dokar filayen ya yarda a biya diyyar ƙasar al'umma ta hannun shugabanta domin amfanin jama'a, kuma a nan ne ake cusa sunayen bogi, a rage na wanda bashi da baki. A cikin gida ma babban wa zai je ya rubuta sunansa shi kaɗai akan gonar gado da ba a raba ba, ya karɓe kuɗin, ƙannensa mata da ke gidan aure da marayun ɗan uwansa ko labari basu ji ba. Wannan cin dukiyar marayu ne ƙarara, kuma matan nan suna da damar zuwa kotun shari'a a raba kuɗin bisa gado. Ina roƙon iyayenmu hakimai da dagatai da limamai su sa ido akan wannan, a riƙa karanta jerin sunaye a bainar jama'a kafin a biya.

Masu mulki kuma su tuna Bakolori. A watan Afrilun 1980 manoman yankin Talata Mafara da aikin madatsar ruwa ya cinye musu gonaki suka tare hanyoyin aikin saboda maganar diyya, aka turo 'yan sandan kwantar da tarzoma, aka rasa rayuka da dama, har yau mutanen wurin basu manta ba. Mutanen da aka toshe wa hanyar doka ne suke fita kan titi, ni kuma bana so ko ɗaya daga cikin 'yan uwana ya tsaya gaban katafila ko bindiga, shi yasa na rubuto wannan.

Kirana ga 'yan majalisarmu na tarayya, tunda dokar filayen nan sai ta hanyar gyaran kundin tsarin mulki ake taɓa ta, su sa ta gaba a gyara sashe na 29 yadda za a riƙa biyan darajar ƙasar kanta a farashin kasuwa, a goge sashe na 47 gaba ɗaya, a rubuta ƙarara cewa ba za a shiga gona da katafila ba sai kuɗi ya shiga asusun mai ita. Gwamnonin Arewa kuma basa buƙatar jiran Abuja kafin su sabunta jadawalin farashinsu su buga shi da Hausa a manna a kowace sakatariyar ƙaramar hukuma. Ku kuma 'yan jarida dan Allah ku riƙa bin waɗannan ayyuka ƙauye ƙauye kuna tambayar wa aka biya, nawa aka bashi, yaushe, ku buga mana.

Na gode Malam Edita, Allah ya ƙara wa jaridar nan albarka.

Naku,
Mai karanta jaridarku a kullum, daga Zariya